Wata takwas ina amfani da Sky-Watcher Heritage 130P, ga abin da na gani

Mutane da yawa suna tambayata wane madubin hangen taurari ya kamata mai farawa ya saya, to bari in faɗi abin da na sani daga wanda ke hannuna, don wata takwas kenan ina fita da shi kusan duk daren da sama ta yi garau.

Kafin shi na taɓa sayen wani a wani shagon intanet, kwalinsa an rubuta 675x da manyan baƙaƙe, wato wai yana ninka girman abu sau 675, ga hoton duniyar Zuhal mai zobe da launi kamar ka miƙa hannu ka taɓa, wallahi kuɗina kawai na zubar. Ƙafafunsa uku siraɗa kamar karan dawa, ka taɓa shi kaɗan hoton ya yi ta rawa, kafin ya tsaya abin da kake kallo ya fice. Wannan ne ya koya min cewa lambar da ke jikin kwali ba ita ce magana ba, maganar ita ce faɗin madubi da kuma mazaunin da ba ya girgiza. Madubi shi ke tara haske, in ya yi faɗi ka ga abu mai dushi-dushi kuma ka ga ƙananan bayanai, in ƙarami ne ko ka ninka sau dubu babban dishi-dishi kawai za ka samu. Ƙa'idar da masu harkar ke bi ita ce ka ninka faɗin madubin a milimita sau biyu, iyakar girman da zai ba ka kenan, shi ma sai a daren da iska ta natsu.

Shi Heritage ɗin faɗin madubinsa milimita 130 ne, kusan inci biyar, nisan da haske ke haɗuwa kuma milimita 650. Irin ƙirar Isaac Newton ce ta 1668, wato babu gilashi a gaba, wani madubi ne mai ɗan zurfi kamar tasa a can ƙasan bututun yake tara haske ya jefo wa wani ƙarami da ke karkace a sama, shi kuma ya turo maka ta gefe inda kake sa ido. Mazauninsa kuma irin wanda John Dobson ya yaɗa ne a San Francisco ta Amurka, katako ne kawai mai juyawa, ka tura sama ko ƙasa, dama ko hagu, inda ka sake shi nan zai tsaya. Nauyinsa wajen kilo shida ne kuma bututun yana zugewa ya koma gajere, ni dai a bayan mota nake ajiye shi in za mu ƙauye.

Wannan mazaunin shi ne ya fi burge ni kuma a kansa nake so in ɗan tsaya. Akwai wani irin mazauni mai ƙafa uku da ƙarfen nauyi a gefe wanda sai ka saita shi da tauraron arewa kafin ya yi aiki daidai, to mu nan Kano tauraron arewa digiri 12 kawai yake sama da ƙasa, katangar maƙwabci ma ta isa ta rufe shi balle ƙura, mai farawa sai ya ɓata dare guda yana kokawa da sukurori bai ga komai ba. Wannan kuwa ka ajiye ka zuge ka leƙa, minti biyu an gama. Abu ɗaya dai, gajere ne sosai, sai an ɗora shi kan wani abu. Na gwada teburin roba yana lilo, na gwada kujera ba ta yi ba, daga ƙarshe tsohon turmin gidanmu na kife na aza faffaɗan katako a kai, ni kuma in zauna kan kujera 'yar tsuguno, tun daga ranar ko motsi ba ya yi.

Yana zuwa da gilashin leƙawa guda biyu, mai milimita 25 da mai milimita 10. Lissafin ba wuya, ka raba 650 da lambar gilashin, mai 25 ya ba ka 26x mai 10 ya ba ka 65x. Kullum ka fara da mai 25 don shi ne mai faɗin fili, in ka kamo abin ka kawo shi tsakiya sannan ka canja. Akwai kuma ɗan abin saiti mai jan ɗigo a gefe, shi wannan da rana ko da yamma ake daidaita shi, ka nufi eriyar waya ko hasumiyar masallaci mai nisa ka murɗa har ɗigon ya hau daidai abin da ke tsakiyar gilashi, in ba ka yi haka ba ko wata sai ya ba ka wahala. Kuma komai a kife za ka gan shi, sama a ƙasa, haka ƙirar take ba lalacewa ba ce, shi ya sa bai dace da kallon abubuwan ƙasa ba.

To me ake gani? Wata dai ba a magana. Kuma kar ka jira daren sha huɗu, lokacin hasken ya yi yawa komai ya baje, ka neme shi yana kwana shida zuwa tara ka bi layin da haske ya haɗu da duhu, nan za ka ga ramuka da inuwar duwatsu ta miƙe doguwa, kan wani dutse ya kama hasken rana alhali gindinsa yana cikin duhu. Ranar da na nuna wa Baba ya daɗe bai ɗago ba, da ya ɗago tasbihi kawai yake yi, ya ce in ƙara saita masa saboda watan ya gudu daga gilashin. Da gaske kuma gudu yake, a 65x cikin 'yan mintuna kaɗan abu ke ficewa daga fili saboda juyawar duniya, dole ka riƙa ɗan tura bututun a hankali, cikin sati ɗaya hannunka zai saba.

Duniyar Mushtari, wato Jupiter, ƙarami yake fitowa amma a fili, da zane biyu masu duhu a jikinsa da watanninsa huɗu waɗanda Galileo ya gani a 1610, yau suna jere a gefe ɗaya gobe sun watse. Zuhal da zobensa shi ma ana gani, sai dai a 2025 zoben ya juyo mana da gefensa ya zama kamar zare, a shekaru masu zuwa zai riƙa buɗewa. Zara matar wata kuwa za ka ga ashe ita ma tana raguwa tana cika kamar wata. Kaza da 'ya'yanta da ido ke ganin shida ko bakwai, a mai 25 sai ka ga gomomi sun cika fili. Gajimaren Orion, wani tarin iskar gas da ƙura a can cikin taurari, kamar hayaƙi mai fuka-fuki da taurari huɗu ƙanana a cikinsa. Wani abin da muka fi mutanen Ingila sa'a a kai shi ne Omega Centauri, dunƙulen taurari ne da ke can kudu wanda su ba ya fito musu, mu kuwa a Afrilu da Mayu yana hawa wajen digiri 30, a ƙauye kamar an zuba garin sukari a baƙin zane.

Amma don Allah kar wanda ya saya da tunanin zai ga launuka irin na hotunan Hubble, babban madubin hangen nan da ke shawagi a sararin samaniya. Waɗancan kyamara ce ta daɗe tana tara haske, ido ba ya haka. Andromeda, wani gagarumin gungun taurari da haskenta ya yi tafiyar shekara miliyan 2.5 kafin ya iso mu, wani farin tabo ne kawai kamar an shafa alli da yatsa, ni dai sanin abin da nake kallo shi ke sa tsigar jikina tashi.

Sai maganar ƙura, wadda ita ce babbar jarrabawarmu. Rabin bututun a buɗe yake in an zuge shi, don haka hasken fitilar maƙwabta da ƙura suna shiga, na samu baƙin yadi mai kauri tela ya ɗinka min riga na zagaye wurin, ya taimaka sosai. Kar ka kuskura ka goge madubin da tsumma ko hanki, rufin alminiyon da ke kansa siriri ne zai karce, ƙura kaɗan ba ta hana gani, kai dai ka riƙa rufewa ka sa a leda babba. A Disamba da Janairu in hazo ya sauka hutawa kawai nake yi sai dai wata, mafi kyawun sama a wurina ita ce daren da aka yi ruwa aka ɗauke, da kuma Oktoba zuwa farkon Nuwamba. In aka ɗauke wuta a unguwa kuwa ni murna nake, ka ba idonka minti ashirin zuwa talatin cikin duhu ba tare da duba waya ba, in dole ne ka duba Stellarium, manhajar da ke nuna inda taurari suke, to ka sa shi a jan haske.

Daidaita madubai shi ke tsorata mutane kuma duk mai madubi irin na Newton yana buƙatarsa, musamman bayan an sha gargada a hanya. Sukurori ne a bayan babban madubin, kana leƙawa ta wani ɗan murfi mai huda kana murɗawa har komai ya dawo tsakiya. Karon farko ya ci min kusan awa, yanzu minti biyar.

Masu tambaya ko za a iya neman jinjirin watan azumi da shi, ana iya gani in ka san inda yake, amma ina roƙonku kar a buɗe shi sai rana ta faɗi gaba ɗaya, leƙen rana ta cikinsa ko na ƙiftawar ido ne yana makantar da mutum, kuma kar a bar shi a tsakar gida da rana inda yara suke.

Kuɗinsa yana bin dala ne da kuɗin kawowa, ka tambaya a lokacin da za ka saya, kuma ka ce a naɗe shi da kyau saboda madubin. In kana da hali da wurin ajiya, madubi mai inci shida ko takwas mai tsayawa a ƙasa ya fi shi nuna abubuwa, amma ga mai farawa da ke son abin da zai ɗauka da hannu ɗaya, ni wannan zan ce ya saya. Abin da nake shirin ƙarawa yanzu gilashi ne mai 6, zai ba ni wajen 108x, don in ƙara matso da Mushtari.