Maikiroskof ɗin da na sayo wa 'yata 'yar SS1, bayan wata biyu

Toh ga bayani kan na'urar nan ta duba ƙananan halittu, tunda iyaye da yawa sun tambaye ni ko ta cancanci kuɗinta. Abin da ya sa na saya shine wata rana na tarar da yarinyar nan tana ta maimaita sel, tishu, ogan, sistem, oganizim, wato matakan ginin jikin halitta daga ƙarami zuwa babba, kamar mai biya hadda, na ce mata to menene tishu ɗin, ta ce Abba tarin sel ne masu kama da juna masu aiki iri ɗaya, na ce kin taɓa ganinsa? Sai ta yi shiru. Makarantar tasu maikiroskof ɗaya ne tak kuma yana kulle a kabad, sai dai a zana musu a allo.

A Sabon Gari na samo shi wajen masu kayan lab na makarantu, kuɗinsa ya kusa na rabin buhun shinkafa, mai shagon yana ta rantse min wai Alhaji wannan har ƙwayar cutar da ke cikin jini zai nuna maka. A jikin kwalin an rubuta 2000 ɓaro-ɓaro, wato yana girmama abu sau dubu biyu. Wannan magana dai a bar ta a kwali. Gilasan ƙasa guda uku ne, 4 da 10 da 40, na ido kuma 10 da 25, sai wani ƙaramin bututu da ake ƙarawa ya ninka biyu, to 40 sau 25 sau 2 shine 2000 ɗinsu. Mun gwada, wallahi ba abin da kake gani sai hazo kamar an yi buji, abu ya yi girma amma ba kai ba gindi. Aikin gaskiya yana 40 da 100 da 400, kuma ko na manyan asibitoci masu amfani da haske ba sa wuce wajen 1000, shi ma sai an ɗiga wani mai na musamman.

Amma fa a 100 ɗin nan na ga abin da ya biya ni. Albasa muka yanka, ta zare wannan siririyar fatar ta ciki mai kamar leda, muka shimfiɗa a gilashi da ɗigon ruwa da ɗan aidin na kemis, aka rufe da ƙaramin gilashi. Farko ta yi ihu wai ta ga sel, ashe kumfar iska ce, zagaye mai baƙin baki, sai da muka sake sau uku muna kwantar da murfin a hankali ta gefe. Da ya fito kuwa, jere suke reras kamar ginin bulo, kowanne da katangarsa da ɗan ɗigo mai ruwan ƙasa a ciki wanda shine nukiliyos, wato cibiyar sel ɗin. Na ce mata bulo ɗaya fa? Ta ce sel. Ginin gaba ɗaya fa? Ta ɗago kai ta kalle ni ta ce au, Abba wai wannan ne tishu ɗin?! Sannan ta ɗauki ragowar albasar a hannu ta ce kenan shi ya sa littafinmu ya ce kan albasa ogan ne, tunda ba fatar nan kaɗai ba ce a jikinta. Mataki uku a albasa guda ta miya.

Washegari ƙaninta ya ɗebo mana ruwan kududdufi a murfin kwalba, nan ma kallo ne, wasu ƙananan halittu suna ta sintiri suna karo da datti suna juyawa, akwai mai siffar silifas wanda muke kyautata zaton faramisiyom ne na cikin littafinsu. Wannan ya warware mata wani abu da ya daɗe yana rikita ta, cewa akwai halittar da sel ɗaya ce kacal kuma a haka take ci take motsi take hayayyafa, ba ta taka sauran matakan ba sam, irin su amiba da yugilina. Uwarsu dai tun ranar ta ƙara tsananta tafasa ruwan sha.

Ni kaina abin ya ja ni na koma karatu. Robert Hooke na Ingila shi ya fara kiran abin sel a 1665 da ya duba ɓawon itacen da ake toshe kwalba da shi, kuma ma ramukan matattun sel ya gani. Wanda ya fi burge ni Leeuwenhoek ne na garin Delft a Holan, mutumin nan ɗan kasuwar yadi ne fa kamar 'yan Kantin Kwari, da gilashi ɗaya da yake haɗawa da hannunsa ya ga irin halittun ruwan nan a 1674. To abin da ke kan teburinmu duk arharsa ya ishi yaro.

Matsalolinsa kuwa akwai su. Marfin saiti, wanda ake murɗawa hoto ya fito, sakwa-sakwa yake, ka samu hoto ya fito tas ka saki hannu sai ya zame a hankali, a 400 kam sai mai haƙuri. Fitilarsa batir uku take ci kuma tana shansu kamar me, gara dai da ba ta jiran NEPA. Silaid ɗin da suka haɗo da shi, wato gilasan da aka riga aka sa wa abin dubawa, guda goma ne, biyu sun zo a fashe, wani an rubuta jijiyar ganye ba komai a ciki sai ƙura, na koma shagon mutumin ya ce ai a haka suke zuwa. Babu shuɗin rinin da ake sa wa sel ɗin kumatu, mun kankaro da tsinken sakace mun sa aidin, ya fito amma dishi-dishi, dai ta lura ba shi da katanga mai kauri irin ta albasa.

Kuma kar wani ya ɗauka zai koya wa yaro matakan duka. Sel da tishu ne iyakarsa. Matakan sama wajen mahauci muka koye su, na sayo kayan cikin rago ban bari an yayyanka ba, muka tsaga zuciya ta ga ɗakuna huɗu da kaurin tsokarta da farin kitse da jijiyoyi duk a ogan ɗaya, muka bi hanya daga maƙoshi zuwa tumbi mai kamar tawul da ɓangaren nan mai saƙar zuma har hanji, ga hanta da madaciya a gefe, na ce to ga sistem ɗin narkar da abinci, ki haɗa da na numfashi da na jini da sauransu ragon ya tashi. Daga baya aka yi farfesu da darasin.

In yaronka yana SS1 zuwa SS3 yana shirin WAEC ko NECO, saya, amma ka duba gilasan na kwalba ne ba roba ba, ka murɗa marfin saitin a gaban mai shago kafin ka biya, kuma ka haɗo da fakitin silaid na daban. Ku shimfiɗa jarida kafin a buɗe aidin, ledar ɗakinmu har yau tabon yana nan.