Igiyar LED ta WS2812B cikin ƙwarya: launi ya fita, inuwa ta dagule

Igiyar da aka gwada, wato tsiri mai ɗauke da ƙananan ƙwan fitila, mita 5 ce, ƙwai 60 a kowace mita, ƙwai 300 ke nan. An naɗe ta cikin ƙoren da aka huda aka rataya a wani ɗaki a Yamai, don haske ya fito ta ramukan ya yi zane a bango, kamara ta ɗauka.

Launi kam ba a magana. Kowane ƙwai yana karɓar umarninsa daga Arduino, wata 'yar ƙaramar kwamfuta mai sarrafa na'urori, ja ya narke ya koma shuɗi a hankali.

Igiyar wuta take ci sosai. Farin haske cikakke yana jan kusan miliampa 60 a kowane ƙwai, wato ampa 18 a kan bolt 5, cajar waya ba za ta ɗauka ba. In ta kai ɗaya kaɗai kuka ba ta wuta, ƙarshenta zai koma ruwan ɗorawa, domin ƙarfin yana raguwa a hanya kuma shuɗi ne ke fara dusashewa. Ku ƙara mata wuta duk bayan mita 2, ku sa kondansata (mai ajiye wuta ya daidaita ta) 1000 µF a bakin shigar wuta da rezistans (mai rage gudun wuta) om 330 a layin umarni.

Inda ta gaza shi ne inuwa, kuma inuwar ce ran wannan aiki. Kowane ƙwai yana jefa tasa, sai rami ɗaya ya fito sau talatin a bango, zanen da mai sassaƙa ya yi wa wahala ya zama hazo. Ƙwai guda mai wat 3 a tsakiyar ƙwarya, bisa ɗan aluminiyom mai shan zafi, shi ke fid da zane da kaifi. Igiyar a mayar da ita a bayan ƙwaryar ta wanke bango da launi.

A kamara, in an rage haske layuka suna gilmawa, don ƙwan kunnawa da kashewa yake yi da sauri. Hoto 25 a daƙiƙa da shata (tsawon buɗewar idon kamara) 1/50 na daƙiƙa yana ɓoye su. Mai son bidiyo mai tafiya a hankali ya nemi wata igiyar LED, APA102.

Mannen bayan igiyar WS2812B ba ya jure zafin Afrilu, a ɗaure ta da zare. Ƙurar hunturu kuwa taimako take yi: in ta shigo ɗakin, ana ganin kowane tsinken haske tsaye cikin iska tun daga ramin har bango.