Hattara da masu tallar na'urar hangen taurari mai "ninki 525"

Jama'a, ni aka yi wa sakiyar da ba ruwa, shi ya sa na ga gara in faɗa kafin wani ya sake faɗawa ramin da na faɗa.

Ɗana ne ya kamu da son kallon sama, kullum dare yana waje yana tambayata sunayen taurari, har na yi masa alkawarin na'urar hangen nesa. Ana haka sai talla ta fito mini a waya. Na'ura ce irin mai madubi, baƙa wuluk a kan ƙafafu uku, an rubuta faɗin madubinta milimita 130, kuma wai tana ninka girman abu sau 525. A gefe ga hoton duniyar Zuhalu da zobensa, launin zinariya, kamar ka miƙa hannu ka taɓa. A ƙasa kuma an rubuta saura guda uku, rangwame zai ƙare da tsakar dare.

Na yi wa mai shafin magana. Bakinsa kamar zuma. Ya ce, "Yallabai, ai wannan har tutar da Amurkawa suka kafa a kan wata za ka gani da ita." Da a ce na san abin da na sani yanzu, da nan take na kashe wayar. Babu wata na'ura a doron ƙasa da ke iya nuna tutocin da aka fara kafawa a 1969, kai ko babbar na'urar hangen nesa ta Hubble da ke shawagi a sararin samaniya tun 1990 ba ta iyawa. Amma ban sani ba. Ya ce sai an biya duka kafin a ɗauko kaya, na tura.

Da kwalin ya iso, tun daga ɗagawa jikina ya ba ni. Ba nauyi. Na buɗe, na ga bututun ya yi siriri, ba kamar na hoton ba. A jikinsa akwai 'yar takarda manne, an rubuta D=76mm, wato faɗin madubi, da F=700mm. Na ɗauko tef na gwada bakin bututun, ko kusa da 130 bai kai ba. Wannan bambanci ba ƙarami ba ne. Aikin madubin shi ne tara haske, kuma hasken da yake tarawa yana bin faɗin farfajiyarsa ne, don haka madubi mai 130 yana tara kusan ninki uku na abin da mai 76 yake tarawa. Kashi ɗaya cikin uku na abin da na saya aka aiko mini.

To ina 525 ɗin ya fito? Na zauna na yi lissafin, kuma a nan wayonsu yake, domin a takarda ba ƙarya suka yi ba. Ana samun ninkin ne idan aka raba tsawon da madubi yake tattara haske, wato lambar F, da lambar da ke jikin ɗan gilashin da ake kara ido a kai. Mafi ƙanƙantar gilashin da ke cikin kwalin an rubuta masa SR4, milimita 4 ke nan. Raba 700 da 4, ka samu 175. Sai kuma wani bututun roba mai suna Barlow da ke ninkawa sau 3. Ga 525 ya fito. Sai dai masu wannan harka suna da ƙa'ida da suka daɗe da sani: ninkin da zai yi amfani ba ya wuce kimanin biyu a kan kowace milimita ta faɗin madubi. Mai 76 iyakarsa wajen 150 ne, shi ma sai daren da iska ta kwanta. Kafin 525 ya yi ma'ana sai madubi ya haura milimita 260, kuma ko da shi, yawancin darare rawar iskar sama ba ta bari. Abin da ya wuce iyakar, dishi-dishi kawai kake ƙara wa girma.

Mun gwada a daren farko, don taurin kai. Na haɗa SR4 da Barlow, na yi ta laluben wata kusan rabin awa, ga shi kuwa ƙato a sama kowa na ganinsa. Da na same shi, wani farin tabo na gani mai duhu-duhu, kamar ana leƙe ta gilashin da aka shafa wa mai. Ƙafafun kuwa siraran gwangwani ne. Da na taɓa abin saita gani sai hoton ya hau karkarwa, kafin ya tsaya watan ya sulale ya fice, domin duniya tana juyawa, kuma gwargwadon ninkin gwargwadon saurin ficewar. Yaron ya kara ido, ya ɗago ya ce, "Baba, ko ba ka cire murfin ba ne?"

Amma abin da ya fi tayar mini da hankali ba kuɗin ba ne. A cikin kwalin akwai wani ɗan baƙin gilashi kamar maɓallin riga, an rubuta SUN a jikinsa, wai a murɗa shi a gindin gilashin ido a kalli rana. Don Allah duk wanda ya samu irinsa kada ya gwada. Wurin da ake ɗaura shi nan ne daidai inda madubin yake tattara zafin rana gaba ɗaya. Yana iya tsagewa farat ɗaya, kuma kafin mutum ya janye kai hasken ya riga ya ƙone masa cikin ido, makantar da ba ta da magani. Matatar rana ta gaske a bakin bututu ake rufa ta, ta tare hasken tun bai shiga ba. Nawa dai guduma na sa masa, don na san halin yara idan ba ka gida.

Washegari na koma wa mai shafin da hoton tef a bakin bututun. Ya ce kuskuren yaran shago ne, in ƙara kuɗin aike a kawo mini ta gasken, su karɓi wannan. Na ce a fara kawowa. Daga nan ban sake jin ɗuriyarsa ba, ya toshe ni.

Akwai wani tarkon kuma da na gano daga baya, wanda ya fi wannan wuyar ganewa. A irin na'urar da Isaac Newton ya fara ƙerawa a Ingila a 1668, wato mai madubi irin tawa, tsawon bututu yakan yi kusan daidai da lambar F. Idan ka ga an rubuta madubi 114 ko 127, F=1000, amma bututun gajere ne bai wuce rabin mita ba, to akwai wani ƙaramin gilashi da aka cusa a cikin maƙogwaron da ake sa gilashin ido, don ya rufe aibun madubi mai araha. Ana kiran wannan ƙira Bird-Jones. Hotonta ba ya fita tar, kuma daidaita madubanta yana ba ƙwararru ma ciwon kai, balle sabon shiga. Masu talla ba sa ambaton haka, sai dai su ce maka "ƙarama ce mai ƙarfi".

Don kada in ɗora musu laifin da ba nasu ba: idan ka ga hoto ya juye ƙasa a sama, ba lalacewa ba ce, haka irin wannan na'ura take. Kuma gajimaren taurarin Orion toka-toka za ka gan shi ko da na'urar kirki, domin launukan da ke jikin kwali daga kyamara suka fito bayan ta daɗe tana tara haske. Ita ma tawa ba a banza ta tafi ba. Da na watsar da Barlow na sa gilashi mai lamba 20, ninki 35 kacal, sai ga ramukan wata sun fito da inuwarsu, ga Mushtari da watanninsa huɗu a jere kamar ƙwayoyin tasbaha, waɗanda Galileo ya fara gani a 1610. Yaron ya yi ihun murna. Ni kuwa ina tuna abin da na biya.

Wanda zai saya, ya manta da ninki, ya tambayi faɗin madubi, ya ce a ɗauko masa bidiyo ana gwada bakin bututun da tef tare da takardar da ke manne a jiki. Ya tambaya ko madubin ƙirar parabola ce, wato lanƙwasar da ke tattara haske wuri guda daidai, musamman idan bututun gajere ne. Ya duba kaurin gilasan ido, inci 1.25 ne ake samun na canji ko'ina, masu 0.965 tsohon yayi ne da yawanci kayan wasa ke zuwa da su. Mazauni kuma, da siraran ƙafafu gara akwatin katako irin wanda John Dobson ya yaɗa, wanda ake ajiyewa a ƙasa ko a kan tebur a juya da hannu, ba ya rawa. Kada kuma a tura kuɗi ta hanyar da ba a iya dawo da su.

Makon jiya tallar ta sake fito mini. An canza sunan shafin, hoton Zuhalun yana nan yadda yake, ninkin ya koma 675. Har yanzu wai saura guda uku.