Daga Jamus zuwa ga makanikan Kano: tsohuwar mota da manhajar kamfaninta

Assalamu alaikum, 'yan uwa masu gareji da masu rewaya. A nan Jamus ma akwai tsofaffin motoci irin waɗanda muke kira 'yan Beljiyam, amma yadda ake gano cutarsu ya bambanta da namu. Tun daga dokar Tarayyar Turai ta 2007, dole ne kamfanin mota ya buɗe wa gareji mai zaman kansa bayanan gyara. Makanike yakan biya kuɗin awa ɗaya ko na yini, ya sami taswirar wayoyi da matakan gwaji na motar da ke gabansa. A Kano kuwa yawanci ƙaramar na'urar ELM327 mai karanto matsalar mota ake jonawa a goge wutar cek (fitilar da ke nuna injin na da matsala), a aika yaro Ƙofar Ruwa ya sayo sensa.

Wannan ƙaramar na'ura injin kawai take gani sosai. Manhajar kamfani ita ke shiga giya da birkin ABS da makulli: Techstream ta Toyota, HDS ta Honda, Diagbox da kebul ɗin Lexia na Peugeot, Xentry ta Mercedes. Peugeot 307 da wutarta ke hauka, in ba a shiga akwatin BSI da ke sarrafa wutar jikin motar ba, lalube ne kurum.

Kafin komai a duba soket ɗin da ake jona na'urar a jikin mota. Mai rami 16 ya zama dole a Amurka a 1996, a Turai kuwa 2001 ga motar fetur, 2004 ga ta dizal. Tsohuwar Mercedes tana da zagayayye mai rami 38 a ɗakin injin, BMW mai 20. Toyota ta farkon shekarun 1990 ba ta ma buƙatar kwamfuta: a haɗa ramukan soket masu suna TE1 da E1 da guntun waya, a kunna makulli, a ƙirga ƙiftawar wutar cek. Idan na'ura ta ƙi magana da mota, a auna rami na 16, ya kamata a ga wuta bolt 12. Sau da yawa fiyus ne ya ƙone. Mota mai layin CAN, wato wayoyin da kwamfutocin motar ke magana da juna ta cikinsu, a cire kan batir a auna tsakanin rami na 6 da na 14, a sami kusan om 60.

Inda makanikan Jamus suka fi mu shi ne ba sa ɗaukar lambar matsala da na'ura ta nuna a matsayin hukunci. Misali, lamba P0171 cewa take iska ta fi mai yawa, ba ta ce sensa ta mutu ba. Sai a buɗe bayanan da ke gudana injin na aiki, a duba yawan man da ƙwaƙwalwar mota, wato kwamfutar da ke sarrafa injin, ke ƙarawa. Idan ya haura kashi 10 cikin 100 mota na tsaye, ya sauka da aka taka totur, iska ce ke shiga ta tsagaggiyar roba. Idan ya ƙaru da gudu, a zargi famfon mai ko sensar iska da ƙurar hunturu ta lulluɓe. Haka zafin ruwa: injin lafiyayye yana zama wajen digiri 90. Mu da muka saba cire tamostat, mai daidaita zafin ruwan injin, saboda zafin bazara, injin ba ya kaiwa nan, ƙwaƙwalwa ta ɗauka har yanzu da sanyi, ta yi ta zuba mai, mai mota kuma ya yi ta kukan tsadar fetur.

Kebul ɗin kwaikwayo na Sin yana karanta lamba lafiya, amma yawancinsa sai da tsohuwar kwamfuta mai Windows 7. Kada a sabunta manhajar ƙwaƙwalwa da shi. A Jamus sai makanikai sun jona caja mai riƙe wuta wajen bolt 13.5 kafin su fara, domin in batir ya faɗi ko kwamfuta ta mutu a tsakiyar aiki, ƙwaƙwalwar na iya tafiya gaba ɗaya. Da irin wutarmu, kada a jona cajar da NEPA kai tsaye. A sa inbata ko janareta mai cikakken tanki.