Na shiga tsohon gidan yarin Rawlins da kuɗina, ga yadda na gan shi

Ba da niyya muka je ba gaskiya. Mun taso daga jihar Utah ta Amurka da tirela ba kaya a ciki, ni da maigidana da nake koyon tuƙi a hannunsa, sai iskar Wyoming ta taso, wadda duk direban da ya taɓa bin babbar hanyar I-80 ya san ta, aka rufe hanya ga manyan motoci marasa nauyi don kar ta kifar da su. Muka faka a garin Rawlins da ke jihar Wyoming. Zaman jira ya ishe ni, na duba waya na ga akwai tsohon kurkuku da aka mayar gidan tarihi a cikin garin, Wyoming Frontier Prison. Na ce maigida mu je mana. Ya ce kai yaro kana da abin mamaki, mutane na addu'ar Allah ya tsare su da gidan yari kai kuma za ka biya kuɗi a saka ka. Amma dai ya biyo ni.

Ana sayen tikiti ne sannan a haɗa ku rukuni, wani ma'aikaci ya zagaya da ku, kusan awa ɗaya. Mu wata mata ce ta ja mu, ta san aikinta sosai, ba ta gaggawa kuma duk tambayar da na jefa mata sai ta tsaya ta amsa, ga ni da tambaya kamar ɗan jarida.

An aza harsashin ginin a 1888, tun Wyoming ba ta zama jiha ba (sai 1890 ta zama), amma rashin kuɗi da tsananin yanayi suka sa ba a buɗe ba sai Disamba 1901. Shekara 13 ana gini, ashe ba a wajenmu kaɗai ake barin aikin gwamnati rabi da rabi ba. Ɗaki 104 aka fara da su, ba lantarki ba ruwan famfo, abin ɗumama ɗaki kuma sunansa kawai. Daga lokacin zuwa 1981 da aka rufe, kimanin mutum 13,500 suka yi zama a ciki, mata 11 ne kacal, su ma daga 1909 aka daina ajiye su nan aka koma kai su Kolorado.

To abin da lambobi ba za su gaya maka ba shi ne sanyi. Ni na yi wautar barin rigar sanyina a mota, laifina ne, na ga rana ta fito na ɗauka an gama. Da muka shiga ɓangaren farko da suke kira A, dutse da ƙarfe ko'ina, na shiga wani ɗaki na miƙa hannuwana saura kaɗan in taɓa bango biyu, na dafa ƙarfen ƙofar sai da na janye hannu. Garin yana kan tudu sama da mita 2,000, a watan Oktoba ne fa wannan, ban san yadda Janairu take musu ba. Sai matar ta ce a wannan ɓangaren ba a saka ruwan zafi ba sai 1978, shekara uku kafin a rufe gidan. Maigida ya kalle ni ya ce, ka ji ko, a Amurka.

Ta ba mu labarin sana'o'in da aka sa fursunoni, tsintsiya da farko har suka ƙone masana'antar a wani bore, sai ɗinkin riguna, sai saƙar barguna da sojoji suka yi amfani da su a yaƙin duniya na biyu, ƙarshe lambar mota daga 1949. Akwai ɗakin duhu na horo, da wani ƙarfe da ake ɗaure mutum da ankwa a jikinsa a zane shi da tiyon roba. Wannan duk na saurara na wuce.

Inda ƙafata ta yi nauyi shi ne gidan masu jiran kisa. Mutum 14 aka zartar wa hukunci a nan, 9 ta rataya, 5 da iskar guba bayan an kawo ɗakinta a 1936. Ratayar ce ta tsaya min a rai, don ba hauni a cikinta. Wani mai zanen gini a Cheyenne, babban birnin jihar, shi ne ya ƙirƙiro dabarar: za a sa wa mutum igiya a tsayar da shi a kan wata ƙofar katako da ke buɗewa ƙasa, nauyin jikinsa shi zai buɗe bakin wani mazubin ruwa, ruwa ya riƙa zuba yana zuba, idan mazubin ya yi sauƙi sai wani ƙarfe mai nauyi ya faɗi ya ture abin da ya tokare ƙofar. Wato mutum da nauyinsa yake kashe kansa, yana tsaye yana jin ƙarar ruwan, su kuma gandirobobi kowa hannunsa a wanke. Wallahi na kasa yanke wa kaina hukunci ko tausayi ne ko tsoro ne ya sa suka yi haka, amma ni a ganina in har hukuma ta yarda mutum ya cancanci mutuwa to ta samu wanda zai ɗauki nauyin, ba bokiti ba. Maigida bai yarda da ni ba, ya ce yaro ba ka taɓa kwana da alhakin rai ba shi ya sa, har muka fita muna musu.

Ga mai son zuwa: kuɗin ya halatta, ban yi da na sani ba ko kaɗan. Ka tafi da rigar sanyi ko da rana ta ƙwalle, ka duba lokutan zagayen kafin ka taso don sun bambanta tsakanin bazara da hunturu, kuma ni dai ba zan kai ƙananan yara gidan kisan nan ba. In kuma Butch Cassidy kake nema, ɗan fashin nan da ake ta labari, ba nan ya zauna ba, a tsohon kurkukun Laramie aka tsare shi daga 1894 zuwa 1896 kan satar doki, shi ma gidan tarihi ne yanzu a kan hanyar nan ɗaya, mu ba mu samu tsayawa ba.

Ana barin mutum ya zauna a kujerar ɗakin iskar guba ya ɗauki hoto, wasu Turawa biyu suka zauna suna dariya. Matar ta juyo wajenmu ko za mu gwada. Maigida ya ce a'uzubillahi, ya kama hannuna ya ja ni waje kamar ɗan shekara biyar. Sai bayan la'asar iska ta lafa aka buɗe hanya, har muka kusa Laramie bai kunna rediyo ba.