Akwatin "Taraddud" da Na Saya wa Gwaggo a Makka

Gwaggona ta shekara fiye da talatin a unguwar Hindawiyya, kuma tun bara take fama da rashin barci. Wata maƙwabciyarta ce ta ba ta labarin wani ɗan akwati da ake sayarwa a wani shago kusa da Shari'u Mansur, wanda aka ce yana daidaita jikin mutum da "taraddud", wato yawan kaɗawar da duniya ke yi, har ya sada shi da wasu duniyoyi da ido ba ya gani. Da ta matsa mini sai na je na saya mata a kan riyal 380, kuma tunda gyaran kayan lantarki ne sana'ata, na ɗauki alwashin sai na san abin da ke cikinsa.

A ido akwatin ba shi da laifi. Girmansa bai wuce sabulun wanka ba, an yi masa rufi da katako mai santsi, yana aiki da wayar cajin salula, ba ya zafi ko da ya kwana a kunne, kuma ƙaramar fitilarsa mai ruwan bula ba ta damun ido. Mai shagon ya karɓe ni hannu bibbiyu, sai dai da na tambaye shi yadda abin yake aiki, cewa ya yi, "Malam, wannan ilimi ne mai zurfi, karanta littafin." A littafin kuwa matsalar take.

Littafin, wanda aka buga da Larabci da Turanci, ya fara da gaskiya. Lambar 7.83 da aka rubuta a murfin akwatin tana da asali, domin a shekarar 1952 wani masanin kimiyya Bajamushe, Winfried Otto Schumann, ya lissafa cewa walƙiyar da ke faɗuwa a faɗin duniya tana haifar da igiyoyin lantarki da ke zagayawa tsakanin doron ƙasa da wani sashe na sararin sama, kuma awon da aka yi a farkon shekarun 1960 ya tabbatar da cewa mafi ƙarfinsu na kaɗawa kusan sau 7.83 a sakan guda. Shi kansa amon da abu ke ɗauka daga ɗan'uwansa ba baƙon abu ba ne a wurin Bahaushe. Duk wanda ya taɓa tura yaro a lilo ya san cewa ƙaramin turi a daidai lokacinsa ya fi babban turi a kan kuskure, kuma idan aka ɗaure tsirkiya biyu a sauti ɗaya aka kaɗa guda, ɗayar za ta amsa. Amma daga shafi na huɗu sai littafin ya saki hanya, ya ce akwai duniyoyi goma sha ɗaya a jere kamar benaye, kowacce da lambar kaɗawarta, wai akwatin na buɗe ƙofa tsakaninsu yayin da mutum ke barci.

Wannan magana an tsinto ta ne daga bakin malamai aka karkatar. Gaskiya ne tun 1921 wani masanin lissafi Bajamushe, Theodor Kaluza, ya kawo shawarar cewa bayan tsawo da faɗi da tsayi da lokaci ana iya samun fuska ta biyar, kuma wasu masu lissafi daga baya sun kai adadin zuwa goma ko goma sha ɗaya. Sai dai su fuskokin awo suke nufi, ba garuruwan da ake shiga a fita ba, kuma babbar na'urar CERN, cibiyar binciken kimiyya ta Turai da ke kusa da Janeba, mai zagayen kilomita 27, ta shafe shekaru tana neman alamarsu ba ta samu ba. Abin da ya gagari wannan na'ura, ba na jin akwatin riyal 380 zai yi shi a gefen katifa.

A mako na uku na kwance kusoshi huɗun da ke ƙasansa. Abin da na tarar shi ne ɗan allon lantarki guda, da zaren tagulla da aka zana a kansa kamar nadin tabarma, da ƙwayar fitila, da wani guntun ƙarfe da aka manna da gam don kawai akwatin ya yi nauyi a hannu. Na gwada shi da na'urar awo, kuma lallai yana bugawa kusan sau takwas a sakan, amma da na ja baya taku biyu sai alamar ta ɓace cikin kaɗawa sau 60 a sakan da wutar lantarkin gidan ke yi. Igiyar Schumann ta samu lambarta ne daga girman duniya, mai zagayen kimanin kilomita 40,000, kuma tana nan ko an sayi akwati ko ba a saya ba.

Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne shafin ƙarshe, inda aka rubuta cewa mai amfani da shi zai iya rage dogaro da magani. Gwaggo tana da hawan jini, kuma na same ta ta tsallake ƙwayarta kwana biyu saboda wannan jimla. Na duba kwalin gaba da baya ban ga lambar rajistar hukumar abinci da magunguna ta Saudiyya ba, wadda ita ke ba kayan asibiti izini. Don haka ban ba kowa shawarar ya saya ba, musamman mai tsoho a gida.

Da na mayar da shi shagon, an ƙi karɓa saboda na buɗe shi. Na kai Gwaggo wurin likita, ya hana ta shan shayi bayan Magariba, ya kuma sauya mata lokacin shan magani. Akwatin yana nan a ɗakinta, tana amfani da haskensa wajen neman carbinta idan ta tashi sallar dare, littafin kuwa na ɗauke shi na ajiye a shagona.