Sharhina kan asibitin dabbobin da na kai ragona

Masu kiwon turke dan Allah ku karanta, musamman masu ɗura wa rago dusa saboda kasuwar layya. Ragona ne ya daina cin abinci, ya daina tuƙa, sai yawan miƙa da karkaɗa bindi, yana cizon haƙora yana kai wa cikinsa shuri, duk wanda ya leƙo sai ya ce ai kashi ne ya ɗaure masa a ba shi kanwa. Sai na ɗauke shi zuwa wani asibitin dabbobi na kuɗi nan Kano.

Abin da ya fi burge ni, likitan bai fara da allura ba wallahi. Cewa ya yi a saki igiyar kowa ya matsa baya, ya tsaya yana kallon yadda yake tsayuwa da yadda yake yunƙuri, sannan ya tambaye ni "Malam yaushe rabon da ka ga fitsarinsa?" Ya ce tumaki suna ɓoye ciwo ne saboda a daji mai rauni ake fara kamawa, shi ya sa ɗan canjin hali kawai za ka gani, in ka jira sai ya kwanta to an makara. Da ya duba ashe tsakuwa ce ta toshe hanyar fitsari, dusa tana da sinadarin fosforas da yawa ga rago bai sha ruwa sosai, kanwa kuma ƙara abin take. Da an bar shi mafitsara na iya fashewa.

Ya yi masa allurar kashe zafi ya ɗan datse siririn bakin mazakutar inda tsakuwar ta maƙale, fitsari ya zubo, ya rubuta min ammonium chloride (maganin da ke rage taruwar tsakuwa a fitsari), ya ce in rage dusa in ƙara harawa da ɗan gishiri da ruwa mai tsabta kullum. Bai ɓoye min ba cewa abin yana iya dawowa.

Inda ban ji daɗi ba wajen jira ne, babu rumfa, ga karnuka dab da awaki duk dabbobin a firgice, gaskiya wurin da ya san halin dabba haka ya kamata a raba su. Kuɗin ma sai bayan an gama aiki suka faɗa. Amma zan koma, kuma yanzu kowace safiya sai na duba ƙasan turken na ga jiƙa kafin in zuba abinci.